Inna a Bangon Otal

Inna ta zo Doha ne don ta yi mini wankan jego, da niyyar wata biyu. Sai korona ta rufe hanya, ta zauna da mu a unguwar Al Sadd kusan shekara.

Maƙwabciyarmu wata 'yar Labanan ce mai zane, ƙofarta na kallon tamu. Tun ranar da ta hango Inna tana tsince wake, ta hana ni sakat, wai fuskar Inna take son zanawa.

"Fuskata?" in ji Inna. "Ni da nake da ita ma ban cika dubanta ba."

Da ƙyar ta yarda. Kullum da hantsi sai a buɗe ƙofofin biyu, Inna ta zauna a falonmu kan kujerar roba, matar tana can nata falon da takunkumi, tana leƙowa tana shafa fenti. Inna ba ta jin Larabci sai na salla. In ta gaji sai ta ce "khalas", wato ya isa, ta tashi abinta.

Ba mu ga zanen ba sai lokacin gasar cin kofin duniya, da Inna ta dawo wani jegon. An rataye shi a wani otal a unguwar West Bay, matar ta kai mu da kanta.

Ya fi ƙofa tsayi. Ga Inna a kishingiɗe kan karan-miski, zinariya tun daga wuya har gwiwar hannu, ɗawisu biyu a gefen ƙafarta, ga faranti cike da inabin da ya fara ruɓewa. Fuskar kuwa ba a rage mata komai ba, har tamojin goshi da jan goro da giɓin haƙori.

Matar ta ce in gaya wa Inna zanen yana nuna darajar tsufa da ƙarewar duniya. Na gaya mata. Inna ta daɗe tana kallo.

"Tambaye ta," ta ce, "duk zinariyar nan ta iya ƙirƙiro mini, amma haƙori ɗaya ya gagare ta?"

Kafin in fassara, wani mai gadi ɗan Katsina ya dubi bango, ya dubi Inna, ya durƙusa ya ce, "Ranki ya daɗe, Hajiya!" Nan da nan 'yan kallon ƙwallo suka yi layi, kowa na son hoto da ita. Ta gyara mayafi ta tsaya musu, baki a tsuke.

A mota ta sa na tura wa ƙanwarta hoton zanen, amma sai da na yanke inabin, kada a ce a gida ta zama ƙazama.