Muryar Inna a Cikin Laya

Ranar da aka ce a rediyo wai masana na son tattara ilimin duniya su kai duniyar wata su ajiye saboda mutanen da za su zo can gaba, Inna, mahaifiyata, tana sheƙar shinkafa a gidanmu na Bagudo. Ta yi dariya har ta ajiye faifan, ta ce ita dai tausayin wanda za a aika ya ɗauko take ji.

Ni kuwa maganar ta shige ni. Na sayo katin memori a kasuwar Lolo, na dinga bin ta da waya ina naɗar waƙoƙinta na daka, na Hausa da na Dandanci, da labarin yadda kakanninmu suka haye kogin Kwara. Ta ce na zame mata ƙuda, amma da ta ga waya sai ta gyara murya.

Na kwafa a kati na biyu. Inna ta ce a kai wa yayarta, Yakumbo, da ke aure a tsallaken iyaka, don ko irin shinkafa ba ta ajiyewa wuri guda.

Bayan an kai mata, wayata ta faɗa ruwa daga kwalekwale, da katin farko a ciki. Bayan shekara Inna ta rasu. Ba abin da ya fi ƙona mini rai kamar yadda muryarta ta fara ɓace mini.

Na shiga ƙasar Benin wajen Yakumbo. Da na tambayi katin, sai ta zaro wata laya daga wuyanta. Ashe baduku ta kai wa ya ɗinke shi cikin jar fata, tunda an ce mata maganar 'yar'uwarta ce a ciki. Ba ta taɓa sanin ana saurarensa ba.

"Yakumbo, sai fa an farke."

"Farke, ɗana. Ni dai na tsare maka shi."

Na sa reza a hankali, na zura katin a sabuwar wayata. Da na kunna, sai ga muryar Inna tana cewa, "Kai, abin ga ya kama, ko in koma ga aikina?"

Yakumbo ta matso da bakinta kusa da wayar.

"Ya kama," ta ce. "Yi maganarki, muna ji."