Ranar da Na Ci Shinkafar Japan a Gaban Matar Ɗana

Shekarun baya kaɗan, bayan na ajiye aikin koyarwa, na je Umara, daga Makka kuma na wuce Jidda don in kwana biyu a gidan babban ɗana. Shi ne ɗan farina, don haka ko sunansa ba na kamawa, sai dai in ce "yaron nan", alhali yaron nan har furfura ta fara leƙo masa a gemu. Yana aiki a wani kamfanin dakon kaya a bakin tashar jiragen ruwa, yana zaune a wani bene a unguwar Sharafiyya da matarsa, wadda ban taɓa zama da ita ba. Bikinsu ma a hotunan waya na gan shi.

Matar tasa Bahaushiya ce, amma irin Hausawan da kakanninsu suka bi ta Sudan suka zauna a Jidda. A Karantina aka haife ta, kafin a rushe unguwar iyayenta su koma wani gefen gari. Tana jin Hausa sarai, mayarwar ce ke ba ta wuya. In ta fara magana da Hausa, kafin ta kai ƙarshe Larabci ya ƙwace. Khala take ce mini, wai haka ake kiran uwar miji a can.

Hidima kam yarinyar nan ta yi mini. Yau shinkafa da kaza irin tasu mai madara, gobe gasasshen kifi. Wata rana takanas ta je kasuwar Bab Makka ta nemo kuka da daddawa, ta tuƙa mini tuwo. Kullum sai ta shimfiɗa leda a tsakar falo, wadda suke ce wa sufra, ta jera abinci a babban tire, ta ce, "Yalla Khala, bismillah." Ni kuwa sai in ce a zuba mini nawa, in ɗauki kwanona in shige ɗaki in turo ƙofa. Haka na tashi na ga ana yi. Uwar mijina har ta koma ga Allah ban taɓa ganin loma ta shiga bakinta ba, ita ma ba ta ga tawa ba, kuma lafiya lau muka rabu. A ɗaki nake ci in ƙoshi, in bar ɗan saura a gefen kwano kada a ce Hajiya ta taho da yunwa daga Kano. Yabo kuwa, ina ni ina yaba girkin matar ɗan fari a gaban mijinta? Iyakata in ce sannu da aiki. A ganina mutunta ta nake yi, ina ba su wuri su sake a gidansu.

Sai na lura yarinya ta fara janyewa. Gaisuwa ta gajarta, fara'a ta ɗauke. Wata safiya yaron nan ya tsaya a bakin ƙofata yana sosa ƙeya, ya ce wai gobe za ta je gidansu ta kwana biyu, mahaifiyarta na nemanta.

Na ce, "Sai yaushe?"

Ya ce, "To... zuwa ƙarshen wata dai, Hajiya."

Ƙarshen wata kuwa shi ne lokacin komawata gida. Ni ba yarinya ba ce, na gane karatun. Raina ya ɓaci ƙwarai. Na zo ganin gidan ɗana, zan koma a ce uwar miji ta zo ta kori matar gida, ni kuma na duba na sake dubawa ban ga abin da na yi mata ba. In tambaye shi kuma, bakina ba zai iya ba.

Har ya juya sai ya dawo, ya ce dama tuntuni suka yi rajistar wani ajin koyon girkin Japan su biyu, da yammacin ranar za a yi, ga shi aiki ya riƙe shi. Ko zan raka ta? Na ce, "Ni da na aurar da 'ya'ya za a koya wa girki?" Amma bayan la'asar na yafa abayata na fito, don na san in na bar wannan yammar ta wuce, shi ke nan.

Muka hau tasi ni da ita. Wurin a arewacin gari yake, kusa da teku, wani ɗan kicin ne fes a saman wani shago. A ranar mata ne zalla suka zo, Larabawa 'yan gayu da wata ma'aikaciyar jinya 'yar Filifin. Malamar wata 'yar ƙaramar mata ce 'yar Japan, aikin mijinta ya kawo su Jidda, tana Larabci a hankali kamar mai taka ƙwai. Ta rusuna mini, ni ma na rusuna, ta sake rusunawa, na ce a raina baiwar Allah in muka biye wa juna a nan za mu yi magariba. Tun da ba na jin Larabci, dole matar ɗana ta zama tafinta. Abin da na fara sa ta tambaya shi ne ko akwai giya ko alade a kayan nan. Malamar ta ɗauko kwalabe ta nuna mini ɗaya bayan ɗaya, ta ce babu, sannan na yarda aka ɗaura mini ƙyallen girki a kan abaya.

Shinkafarsu gajeriya ce mai danƙo, kuma haka aka dafa ta, ba gishiri ba mai. Na yi ta raba ido ina neman albasa da attaruhu, ko ɗan dunƙulen magi, ban ga ko ɗaya ba. Aka zo miya, malamar ta narka wani abu ruwan ƙasa mai ƙanshin dangin daddawa. Na ce yawwa, an zo gida, ina jira a bar shi ya tafaso ya haɗa jikinsa, sai kawai ta kashe wuta, wai an gama. Da aka fasa ƙwai kuma na ga an ɗebo sukari an zuba a ciki, ban san lokacin da na ce, "Innalillahi! Sukari a ƙwai?" ba. Matar ɗana ta kau da kai tana danne dariya. Rabon da in ga haƙoranta an kwana biyu.

Daga nan aka zo kan babban aikin ranar, dunƙulen shinkafa. Za ki jiƙa hannu, ki shafa gishiri a tafi, ki ɗebo shinkafa da zafinta, ki tura ɗan kifi a tsakiya, ki dunƙule ta ta fito da kusurwa uku, ki naɗe da wani baƙin ganyen teku mai kama da takarda. Na ce to, nan fa fagena ne, ni da na tsufa ina malmala tuwon shinkafa. Na zage na matse ta da ƙarfina, na mulmula ta yi sumul. Malamar ta zo ta danna da yatsa, yatsa bai shiga ba. Ta yi wata magana, matan suka kwashe da dariya.

Na ce, "Me ta ce?"

Matar ɗana ta ce, "Ta ce ki bar wa shinkafa wajen numfashi, Khala. Shwayya shwayya, ba da ƙarfi ba."

Na sake yi, na kuma sakewa, hannu ya ƙi manta tuwo. Na matar ɗana kuwa suka fito tsaf da kusurwoyinsu.

Da aka gama aka zauna a dogon tebur guda, kowa da farantinsa. Malamar ta yi bayani, matar ɗana tana fassara mini da murya ƙasa ƙasa. Wai a ƙasarsu wannan dunƙulen uwa ce ke yi wa ɗanta da hannunta, kuma da yawa ba sa iya cin wanda hannun baƙo ya dunƙula. Don haka a ajinta ba mai cin nasa, kowa na abokin girkinsa zai ci. Kafin in ankara ta ɗauke farantina ta ajiye a gaban matar ɗana, ta turo mini na yarinyar.

Ba ɗakin da zan shige, ba ƙofar da zan turo, ga yarinya a kusa da ni kafaɗa da kafaɗa. Kowa ya fara ci, ni na zauna hannu a cinya ina kallon faranti, kunya kamar in nutse. Sai na ga hannunta ya miƙo a hankali zai janye farantin.

Ta ce, "Ma'alesh Khala, ba komai, ba dole. Na sani ba kya son abincin hannuna."

Na riƙe bakin farantin. Na ce, "Wa ya gaya miki?"

Ta ce, "Ba wanda ya gaya mini. Kullu yom kina ɗauka ki shiga ɗaki, ki rufe ƙofa, ki dawo da saura. Hatta tuwo. Wallahi na kira Ummi a waya tana koya mini ina tuƙawa. A wajenmu, wanda ya ƙi zama da kai a sufra, fushi yake da kai. Na ce halas, shi ke nan, in tafi gidanmu, ki samu ki ci abinci da ɗanki."

Idanunta sun cika da ƙwalla, amma ba ta bari sun zubo ba. Ashe duk kwanakin nan ina shiga ɗaki don in girmama ta, ita kuma tana zaune a falo tana ganin ƙyamarta nake yi.

Na ce, "Ke 'yar nan, ashe abin da ke cin ki ke nan? Mu a wajenmu kunya ce. Surukai ba sa ci a gaban juna, balle matar ɗan fari. Tuwon nan naki kuwa, ɗan sauran da na bari sai da na yi ta kallonsa ina jin kamar in ƙarasa."

Ta dube ni, alamar ba ta gamsu ba. Na ga magana ba za ta yi ba. Na yi bismillah, na ɗauki dunƙulen da hannu na gatsa, ina kallon ta tana kallona. Shinkafar ta warware a baki, ga ɗan gishiri, ga kifi a tsakiya. Ba zan ce ya kai dambu ba, amma na cinye shi tas, na ɗauki na biyu. Ita ma ta ɗauki nawa ta gatsa, ta yi ta tauna, ta yi ta tauna, har ta nemi ruwa. Na ce, "Faɗi gaskiya." Ta ce, "Khala, wannan ba ya numfashi." Muka yi dariya har malamar ta zo tana tambaya ko lafiya.

A hanyar komawa matar ɗana ta kira mahaifiyarta, suka yi magana da Larabci. Ban ji abin da suka ce ba, amma washegari ba ta je ko'ina ba. Sauran kwanakina a sufra na ci abinci, ni da ita. Shi dai yaron nan na ce ya ɗauki nasa ya ba mu wuri, don kunyar ɗan fari ba a aji ɗaya ake sauke ta ba.

Girkin Japan yanzu kusan duk na manta shi, ƙwai da sukari kuwa ko da wasa bai shiga kicin ɗina ba. Abin da ya zauna mini shi ne, kunyar nan tamu abu ne mai kyau, har gobe ina son ta, amma sai wanda ake yi wa ya san ana yi masa. In bai sani ba, da ita da ƙiyayya kamarsu ɗaya. Har yau in na tuna hannun nan da ya miƙo zai janye faranti, sai in gode wa Allah da na riƙe shi, don da na sake shi ya tafi, da ban san ranar da za mu fahimci juna ba.

Bara sun zo Kano hutu. Muna zaune a tsakar gida ni da ita, hannu cikin kwano ɗaya, sai ga maƙwabciyata ta yi sallama. Ta tsaya turus, ta riƙe haɓa.

Ta ce, "Hajiya! Da matar ɗan fari kike haɗa kwano?"

Na ce, "Da ita. Ki wanko hannu ki zo, ko ki matsa, kin tare mana iska."