Ajidan Fannami da Gobarar Tattasan Shetimari

Inna lillahi wa inna ilaihi raji'un. Ranar Talata, ashirin da biyu ga Sha'aban, Allah ya karɓi ran Ajidan Fannami, tsohon jandarma, a gidansa da ke Difa bayan ya sha jinya. Ni Maina na Shetimari, ban yi boko ba, ɗiyata Kubra ke rubutawa, kuma na hana ta gyara mini magana.

Ajidan, ka san ni a shekarar da aka hana cinikin tattasai saboda yaƙi, kowa ya jibge buhunansa a gida. Sai wuta ta riƙa cin rumbunan mutane, yau na wannan, wata Juma'ar na wancan, kullum ana masallaci. Aka fara cewa 'yan daji ne, aka koma kan 'yan gudun hijira, daga ƙarshe yatsa ya tsaya a kaina. Wai duk wanda aka ƙona wa rumbu na taɓa faɗa da shi. To wa ban yi faɗa da shi ba a garin nan? Har liman, shi ya sa nake sallata a wani masallacin. A lokacin nan wanda aka shafa wa sunan ɗan daji, mota ce ke kai shi Yamai, iyalinsa su yi ta jira.

Ka zo ƙofar gidana ba ankwa, ka zauna a tabarmata ka ce, "Baba, me suka yi maka?" Na zazzage maka tun daga iyakar gonar ubana da aka ci har injin ban-ruwan da aka ara aka maido mini a lalace. Shayi ya huce ba ka katse ni ba. Da na gama ka yi dariya ka ce, "Mai zagi a tsakar kasuwa ya riga ya ƙone abin da zai ƙone. Wanda nake nema mutum ne da ba a taɓa jin muryarsa ba. Ba tattasai ya dame shi ba, so yake ya ga fuskar mai rumbu. Zai riga kowa zuwa jaje, ya kuma daɗe bai tashi ba."

Na ce wannan ai duba ne, ba aikin hukuma ba. Ka bi gidajen nan ɗaya ɗaya kana tambayar mata wa ya fara sallama bayan wuta. Duka suka ce Kashim, mai ladabin nan da ya yi shekaru yana ɗaukar wa mutane buhu ba wanda ya taɓa tambayarsa ya gida. Shi ne ma ya fara raɗa sunana. Da gari ya taso masa da sanduna ka tare ƙofa da jikinka, har ni ka hana ni marinsa. Na daina gaishe ka damina biyu kan wannan, kai kuwa ba ka fasa aiko mini goron salla ba.

Zuwana na ƙarshe, kana kwance, ka kama hannuna ka ce, "Baba, ka yafe wa Kashim." Na kau da kai na dubi bango.

Allah ya jiƙanka, ya haskaka kabarinka, ya sa Aljanna ce makoma. Hajiya Aisa, uwargidan marigayi, ke da yara, Allah ya ba ku haƙuri, ya raya abin da ya bari. Sauran da suka nuna ni da yatsa, maganarmu tana nan. Kashim kuwa na yafe masa, Ajidan, Allah ya kai maka ladan.