Kawu Ercole da Tukunyar Filomena

Kawu Ercole, ƙanin mahaifiyata, ya kusa shekara sittin bai taɓa ɗora tukunya a wuta ba. Wuƙa ce aikinsa. Tun yana saurayi yake fiɗa a babbar mayankar Chicago, inda ya bar yatsu biyu na hannun hagu, ya kuma kwaso wani tari da bai rabu da shi ba har ya koma ga Mahaliccinsa. A gida ma wuƙar ce rabonsa. Matarsa Filomena ta dafa, shi ya yanka.

Gidanmu ɗaya. Su suna ƙasa, ni da mijina muna bene. Ɗakin girkin Filomena na gaskiya yana can ƙarƙashin ƙasa, kusa da injin ɗumama gida. Akwai wani a sama, a ɓangarensu, fes da shi, amma wannan na nuna wa baƙi ne.

Ranar Asabar Kawu zai shigo da dunƙulen naman cinyar saniya naɗe a takarda, irin mai taurin nan da masu hali ba sa kallo. Filomena ta sossoke shi da tsinin wuƙa, ta cusa tafarnuwa, ta shafe shi da gishiri da masoro da busasshen ganyen ƙamshi, ta bar shi a murhun gashi cikin ɗan ruwa, wuta ƙasa-ƙasa, har ƙamshin ya hauro wurinmu. Ya kwana a firji. Ranar Lahadi in an dawo daga coci, Kawu ya wasa wuƙa ya yanka shi siriri-siriri, har kana hango hasken taga ta cikin yankan. Ita kuma ta zuba a romo mai zafi, ta tsaga dogon burodi ta cika shi, ta ɗora soyayyen tattasai, ko jiƙon barkono da karas cikin mai ga masu son yaji, sannan ta tsoma burodin gaba ɗaya cikin romon. A tsaye ake ci, an sunkuya an ware ƙafafu, don kada a ɓata takalmin coci.

Ba a yin aikin nan sai da faɗa.

"Kai tsoho, wannan yankan nama ne ko tafin takalmi?" in ji Filomena.

"Da yatsu takwas nake yi. Ke mai goma, zo ki gwada."

"Lokacin da kake da goman ma me na gani?"

Shekarar da aka rufe mayankar, Kawu ya koma zaman bakin ƙofa. Abokan aikinsa suka yi ta sayar da gidaje suna komawa bayan gari. Naman ma sai ya je shago ya saya kamar kowa, yana yi wa mahaucin tsegumi. A hunturun da ya biyo baya, wata Lahadi da hantsi, na ji ƙarar faɗuwar tukunya. Na sauka da gudu. Filomena na kwance a siminti, romo ya kwarare mata a ƙafa, bakinta ya karkace. Kawu na durƙushe a kanta, wuƙar na hannunsa bai ma sani ba, yana cewa, "Mena, tashi mana. Mena, bar wasan nan."

Ɓarin jikinta na dama ya shanye. Maganarta ta tafi, sai kalma ɗaya tak ta rage mata: a'a. Ko ruwa take so, a'a. Ko ciwo take ji, a'a.

'Yarsu guda ce, Loretta, ma'aikaciyar jinya, tana aure a bayan gari. A barandar asibiti ta tare Kawu, ina tsaye.

"Baba, akwai gidan kula da marasa lafiya kusa da ni. Suna da tsabta, kullum zan leƙa ta."

"Uwarki ba kaya ba ce da za a kai ajiya."

"Ko kofi ba ka iya dafawa ba."

"Zan koya."

Ya dawo da ita gida. Ya koyi juya ta, da yi mata wanka, da canza shimfiɗa. Abincin da likita ya yarda a ba ta markaɗaɗɗe ne mai kauri, babu gishiri, domin maƙogwaronta ba ya rufewa daidai. Filomena ta datse haƙora. Cokali ya zo, ta kau da kai. Ta yi ta ramewa har zoben aurenta ya zame daga yatsa, muka tsince shi cikin bargo.

Wata Asabar na ji nishi a matakala. Na leƙa, sai ga Kawu ya goya ta a baya yana sauka da ita ɗakin girkin ƙasa, yana tsayawa a kowace taka yana tari. Ya zaunar da ita a kujera, ya tokare ta da matasai, ya ajiye dunƙulen nama a gabanta.

"To, gwana, ga ɗalibi. Tafarnuwar nan ta isa?"

"A'a."

"In ƙara?"

"A'a."

"In rage?"

"A'a."

"Haba Mena, wace a'ar ce wannan kuma?"

Sannu a hankali ya gane su. Akwai gajeriya mai kaifi, wadda ke nufin ya yi shirme. Akwai doguwa da take yi tana lumshe ido, ita ce to. Na farko da ya gasa ya ƙone ƙurmus. Na biyu ya bar yankakken naman ya tafasa a romo, ya murɗe ya zama kamar igiya. Ran nan ya hauro wurina da tabon mai a goshi, yana dariya, idonsa cike da ƙwalla.

"Graziella, ta jefe ni da ludayi! Da hagu fa, kuma ta same ni."

Sai da bazara ta shigo kafin ya yi wanda ta karɓa. Ya gutsuri tsakiyar burodin da ya sha romo, ya sa mata a baki. Ta tsotsa, ta haɗiye, ta buɗe baki a karo na biyu. Kawu ya juya baya yana goge tebur da ba shi da datti. Daga ranar ta koma cin abinci. Markaɗaɗɗen ma tana karɓa a sauran ranaku, muddin ta san Lahadi na zuwa. Daga baya ya fara haɗa mata da naman, yana daddatsa shi ƙanana.

Loretta ta zo ba zato wata Lahadi ta same su a haka. Jakarta ma ba ta ajiye ba.

"Baba, za ka kashe ta."

"A kan abincinku ne take mutuwa. Dube ta yanzu, har kumatu ta yi."

"Ba kumatu ake magana ba. Romon nan zai iya bin hanyar numfashi ya sauka a huhunta. Na ga irin haka da idona, ba sau ɗaya ba."

"To ga ta nan, tambaye ta."

Loretta ta durƙusa, ta kama hannun uwar na hagu, mai rai. "Mama, kina so ya ci gaba da ba ki wannan?"

Filomena ta dubi 'yarta, ta dubi mijinta, ta ce, "A'a."

"Ka ji ko?"

"Doguwar ce," in ji Kawu. "Ke ba ki iya jin ta ba."

Loretta ta fita tana kuka. Ba ta daina zuwa ba, amma ta daina zuwa ranar Lahadi.

Haka suka yi wasu shekaru. Bayansa ya ranƙwafa saboda goyo, mijina ya ce zai hauro musu da murhun zuwa sama, Kawu ya ƙi. Ya ce a ƙasa ne take jin ita ce matar gida.

Wata Lahadi cikin kaka ta ƙware. Ta yi tari har fuskarta ta yi ja, ya bubbuga mata baya, ta lafa, har ta ƙarasa cin abincinta. Kafin tsakiyar mako zazzaɓi ya rufe ta, numfashinta yana ƙara kamar ana jan kujera. Ba ta kai wata Lahadin ba. Likitan ya ce abinci ne ya shiga huhu. Ya ƙara da cewa mai irin ciwonta ko da ruwan sha hakan na iya faruwa, amma daga uban har 'yar babu wanda ya ji wannan ɓangaren.

Kawu ya sayo nama don ya ciyar da masu zuwa ta'aziyya. Loretta ta tsaya a bakin matakalar ƙasa.

"Ba yau ba, Baba. Na yi odar abinci."

"Uwarki ba ta taɓa ba baƙo abincin saye ba."

"Na ce ba yau ba."

Bai ja ba. Naman ya zauna a firji har ya yi wari, mijina ya fitar da shi.

Ya yi watanni bai sauka ƙasa ba, sannan wata Asabar ƙamshin ya sake haurowa. Ya ci gaba da yi duk mako, dunƙule guda cur, kamar gidan na cike. Ya kawo mana, ya kai wa sababbin maƙwabta da ba su san sunansa ba, ragowar ya zubar. Shi kansa ban ƙara ganin ya ci ba. Busasshen burodi da kofi kawai.

Daga nan mantuwa ta fara. Ya kira ni da sunan mahaifiyata. Ya shafe nama da sukari. Wata rana da la'asar ya sa naman a murhu da takardarsa, ya hau sama ya kwanta. Hayaƙi ya turnuƙe gidan, mijina ya ɓalle ƙofa, 'yan kwana-kwana suka zo. Ba wanda ya ji ciwo, amma wuta ta cinye silin ɗakin. Kawu na tsaye a titi da silifa, yana tambayar wani ɗan kwana-kwana ko sun fito da matarsa.

Loretta ta sa aka yanke gas, ta tafi da shi gidanta. Gaskiya, ta riƙe shi da kyau. Ɗaki mai tsabta, aski, wanka, magani a kan lokaci. Wuƙaƙe dai ta kulle su a durowa. Na je ganinsa 'yan lokuta. Yana zaune gaban talabijin, hannun dama na ta kai da komo a kan gwiwarsa kamar mai yanka nama. Bai gane ni ba. Ita ma Loretta, Sista yake ce mata, ya ɗauka a asibiti yake.

Wata safiya cikin tsananin sanyi, Loretta na wanka, ya buɗe ƙofa ya fita da rigar barci da hular coci. Sai wajen tsakar rana wani direban bas ya gan shi a zaune a tasha, ƙanƙara ta taru a kafaɗunsa. Ya gaya wa direban yana jiran motar zuwa aiki ne. An kai shi asibiti, bai farfaɗo ba.

Mutanen da suka zo jana'izar ba su cika benci uku ba. Da aka watse daga maƙabarta, Loretta ta ce in shiga ta sauke ni. Ta zauna riƙe da sitiyari, ba ta tayar da motar ba.

"Kin san me ya ce mini a makon da ya wuce? Ina yanke masa farce, sai ya ce, 'Sista, kin san 'yata Loretta? Fushi take yi da ni.' Na ce masa, 'Ba ta fushi, Baba. Ta daɗe da hucewa.'"

"Me ya ce?"

"Ya ce, 'Ke ba ki san ta ba.'"

Ta nemi mukulli a jaka, alhali yana jikin motar. Na nuna mata. Muka kama hanyar gida.