Ƙwallayen da Ƙanena Bai Zura Ba

Duk wanda ya ji labarin nan a cikin danginmu abu ɗaya yake faɗa: wai tausayin Baba ne ya sa na yi abin da na yi. Har Umma haka take gaya wa ƙawayenta a waya. To ni na rubuto muku ne in gyara maganar. Ba tausayi ba ne. Gajen haƙuri ne ya fara shi, daɗin baki ya ƙarasa.

Shekarata ashirin da huɗu, ina jera kaya a wani kantin magani a garin Manassas, nan Amurka. A Kano na gama sakandare kafin mu zo, ban kuma ƙara gaba ba, don zaman aji ba nawa ba ne. A gidanmu ni ce mai buɗe wasiƙu, ni ce mai kiran asibiti, ni ce mai cike takardu, kuma duk abin da na ce Bature ya faɗa, to shi ya faɗa. Ƙanena, autanmu, yana da shekara sha ɗaya muka zo da shi. Nan ya miƙe ya yi tsawo har yana sunkuyawa a ƙofar kicin. Yana jin Hausa sarai, amma da Turanci yake amsawa. Wata ƙaramar kwaleji can cikin duwatsu, tafiyar awa huɗu daga gidanmu, ta ɗauke shi karatu, ta kuma sa shi cikin 'yan ƙwallon kwandonta. Baba direban motar kai kaya ne. A masallacin da yake zuwa rabin sahu likitoci ne da injiniyoyi, bayan salla kowa na ba da labarin abin da ɗansa ke karantawa, shi kuwa sai ya ce masha Allah ya nemi takalminsa. Da farko ma bai so maganar ƙwallon ba. Amma Baba mutumin rediyo ne tun yana saurayi, in abu bai fito ta rediyo ba, a wurinsa bai gama faruwa ba. Wata rana muna cin abinci, ba tare da ya ɗago ba, ya tambaye ni ko ana sa wasan yaron nan a rediyo.

Ai kuwa na ɗauki abin kamar an ba ni sarauta. Na fara da talabijin, na zagaye tashoshi kaf, babu mai nuna irin waɗannan ƙananan makarantu. Na koma rediyon mota. Wata Asabar har na ɗauki Baba muka miƙa yamma kusan awa guda, muka tsaya a wani gidan mai, yana waje riƙe da eriya yana karkata ta, ni ina murɗa tasha, ba abin da muka kamo sai waƙoƙin coci da tallan taya. Muka dawo yana min tsiya, wai ko ƙaramar rediyonsa ta gida da ake ɗaure wa batir da roba ta fi ni iya aiki. Na samo wani shafi mai nuna hoton wasan, sai ga 'yan wasa kamar tururuwa, ba mai magana, kowane minti kuma hoton ya daskare. Ƙarshe na gaji na kira ofishin wasanni na makarantar kai tsaye. Wata mata mai kirki ta ce ai ɗalibai suna da 'yar tasharsu, suna kuma saka ta a intanet kyauta, ta karanto min adireshin. Da na danna na ji murya ta fito tar, tsallen da na yi a ɗakin hutun ma'aikata sai da manaja ya leƙo ya ga ko wani abu ya faɗi.

Asabar ta farko na sa wayar cikin kwanon silba don ƙara ta ƙaru, Baba ya zauna da shayinsa kamar zai ji labaran duniya. Samari biyu ne ke sharhin, kowa na rige-rigen magana. Baba yana jin Turancin aiki, amma wannan ya fi ƙarfinsa. Bayan minti biyar ya tambaye ni waɗannan bayani suke yi ko faɗa. Ya ce in sa abin kunne ni kaɗai in ji, in riƙa faɗa masa da Hausa. Nan matsalar ta soma, domin daga lokacin ba mai jin gaskiya a falon sai ni. Gaskiyar kuwa ita ce ƙanena yana benci, wurin zaman 'yan jiran canji. Sabon shiga ne, koci, mai horar da su, bai ko kalle shi ba. Baba kuma bai bar ni na huta ba. Uwata, an sa shi? Haka yake kirana, don sunan mahaifiyarsa gare ni. Na ce tukuna. Ya tashi dai? Tukuna. To me suke jira? Na amsa ya fi sau goma, kaina ya ɗau zafi, sai kawai na ji bakina ya ce an sa shi. Wallahi don ya yi shiru na faɗa. Amma sai Baba ya ajiye kofi, ya matso bakin kujera, ya ce to sai me. Akwai wani yaro a ƙungiyar da ke ta zura ƙwallo ranar. Na ɗauki abin da ya yi na ɗora wa ƙanena. Na ce ya karɓa, ya yanke ɗaya, ya yanke biyu, ya tashi sama, ta shiga! Kabbarar da Baba ya yi sai da Umma ta fito daga kicin da ludayi a hannu.

Zan faɗa muku abin da ban faɗa wa kowa ba: na ji daɗi. Ban taɓa sanin ina da wata baiwa ba sai ranar. Daga nan kowace Asabar da rana falonmu ya zama gidan rediyo. Na ƙirƙiro masa kirari, dogon Baba sandar tsinko mangwaro, na Umma ba ka cin tuwo sai da ƙari. Ina jera magani a wurin aiki ina haɗa kalmomin da zan faɗa. Na koyi ja wa mutane rai, in yi shiru ƙwallo na sama har sai Baba ya ce ke faɗi mana. Baba ya roƙi a canja masa ranar aiki don kada Asabar ta same shi a hanya. Maƙwabcinmu, wani dattijo ɗan Maraɗi mai tuƙa tasi, ya fara zuwa da gyaɗarsa, yana cewa ni ya kamata a ɗauka aiki a kori waɗancan yaran. Sannan Baba ya fara naɗar muryata yana turawa zauren dangi na waya. Gwaggonnina suna maido da guɗa daga Kano, wani kawunmu yana tambaya yaushe za a kira yaron ya buga wa ƙasa. A masallaci kuma Baba ya daina saurin neman takalmi. Ni kuwa ina lallashin kaina da cewa ai ban taɓa canja wanda ya ci wasa ko wanda aka ci ba, suna kawai nake musanyawa.

Za ku ce yaya aka yi wata uku ba a gane ba. Kunya ce ta rufa min asiri. Baba irin mutanen nan ne da ba sa yabon ɗa a gaban idonsa, ko sunansa ba ya cika kamawa. In sun yi waya, ya karatu, ya sanyi, ana dai salla, to a ci gaba da ƙoƙari, shi ke nan. Shi kuma yaron kunyar zaman benci ta hana shi tayar da zancen ƙwallo, saƙonnin zauren dangi kuwa bai taɓa buɗe su ba, ya ce tsawonsu ya yi yawa. Ni kaɗai yake faɗa wa damuwarsa. Yakan rubuto min ya ce Yaya, kullum ni ne farkon zuwa atisaye, amma kamar ba a ganina. Sai in ce ya yi haƙuri lokacinsa na zuwa, in ajiye wayar, Asabar ta zo in ba shi maki sha takwas. Wannan ne abin da har yau in na tuna nake jin kunyar kaina.

Ranar da abin ya fashe, ƙarshen sanyi ne, ƙanƙara ta fara narkewa a bakin titi. Na saba ajiye shi sai bayan hutun rabin lokaci kafin in ce an sa shi, don a fi jin daɗi. An dawo ke nan, na buɗe baki zan fara, sai na ji mai sharhin ya kira sunan ƙanena. Sunansa na gaske. Wani ya ji ciwo a ƙafa, koci ya waiwaya ya nuna shi. Duk kirarin ya gudu daga kaina, ina ta in'ina ina cewa ya shiga, Baba, ya shiga. Ya yi ɗan lokaci bai taɓa ƙwallo ba. Can aka miƙa masa a kusurwa, nesa da kwando, inda in ta shiga maki uku ne. Ya jefa. Samarin nan biyu suka kwatsa ihu lokaci guda, ɗaya na cewa wannan ne makinsa na farko tun da ya zo makarantar, 'yan benci duk sun miƙe suna tsalle. Na fasa ƙara, na durƙusa a kan kafet, hawaye na zuba. Da na ɗago sai na ga Baba yana kallona da mamaki. Ya ce Uwata lafiya, uku ne fa, makon jiya da ya ci ashirin ba ki yi kuka ba. Ba a daɗe ba aka fitar da shi, ban kuma iya ƙara masa ko ɗaya ba. Aka tashi wasa Baba yana girgiza kai, yana cewa yau yaron nan bai yi komai ba.

Ina neman hanyar zamewa waje in riga kiran ƙanena, sai wayar Baba ta yi ƙara. Shi ne. Yaron da bai taɓa fara kiran Baba ba. Baba ya buɗe muryar wayar kowa ya ji, kamar yadda ya saba. Ana jin hayaniyar abokansa a baya, yana haki, kuma da Hausa ya yi magana, Hausarsa mai karyewa, ka ji ka san shirya ta ya yi. Ya ce Baba yau na shiga, na ci. Baba kuwa, don ya ga ɗansa na buƙatar lallashi, ya karya al'adarsa a karon farko. Ya ce ya yi haƙuri, kowa yana da ranar da ba tasa ba, uku ma ba laifi, amma mutumin da ya saba sha takwas da ashirin kada ya bari ya lalace, ko dai budurwa ya yi ne. Sai ƙanena ya tambaya da Turanci, a hankali, wa ya ce ya taɓa cin ashirin. Baba ya juyo ya dube ni. Maƙwabcinmu ya tattara gyaɗarsa ya fita ko sallama bai yi ba.

Na faɗi komai a tsaye, tun daga Asabar ta farko. Na so a ce Baba ya yi min faɗa, amma bai yi ba. Sai dai ya tambaye ni ukun nan na yau fa, su ma nawa ne. Na rantse masa na yaron ne. Ya ce to in zauna in sake faɗa masa yadda aka yi, a hankali, ban da kirari. Na faɗa. Bai fi jimla huɗu ba. Ya sa na maimaita, sannan ya tashi ya shiga ɗaki. Washegari da bakina na yi saƙon murya zuwa zauren dangi na ƙaryata kaina. Abin da Baba ya gaya wa mutanen masallaci ban sani ba, ban kuma da ƙarfin tambaya. Ƙanena ya yi sati uku bai ɗaga wayata ba. Saƙo ɗaya ya turo, ya ce ƙwallo ɗaya tak yake da ita, ita ma na cinye masa.

Ku da kuke fassara wa iyayenku a ƙasar nan, a asibiti ne, a makaranta ne, ko a wasa, ku ji tsoron Allah da bakinku. Ba su da wata hanyar bincikawa, abin da kuka faɗa shi suke ɗauka su gina a kai, su kai shi gaban mutane. In kuna neman wasan ɗanku ko ƙanenku, ku kira ofishin wasanni na makarantar ku tambayi tashar ɗalibai, da wuya a rasa. Amma ku saki muryar kowa ya ji, ko da ba a gane rabi ba. In yana benci ku ce yana benci, ko sau ɗari aka tambaye ku.

Asabar mai zuwa ce wasansu na ƙarshe a filin makarantarsu. Na karɓi hutu, na cika mota da mai, daga sallar asuba ni da Baba za mu kama hanya. Na rubuta wa ƙanena, abin da ya turo min kawai shi ne ƙofar da za mu shiga. Na gargaɗi Baba cewa mai yiwuwa har a tashi ba za a sa shi ba. Ya ce ba komai, sai mu ga yadda yake zama. Ni dai na yanke: zan kai shi kujerar gaba inda zai gani da idonsa, in zauna gefensa, in kama bakina.