Mutumin da na sani tun kafin a haife shi

Gara in faɗa da bakina kafin ƴan fadarmu ta Wadata su ƙara wa maganar gishiri: sakaran labarin nan ni ne.

Jikata, wadda nake kira amaryata, tana aiki da masu haɗa fim ɗin tarihin Yamai. Aikinta a ordinatar yake, wato kwamfuta. Sai a ɗauko hoton bakin kogi na yau, ta goge gada, ta tumɓuke wayoyin kuran masu kawo wuta, ta kori ƴan kabu-kabu, ta dasa bukkoki da raƙuma. Ni da na bar lakwal a aji uku, ko harafi na goge sai takarda ta huje.

Suna neman tsohon da ya ga wancan zamanin da idonsa, ya yi bayani gaban kyamara. Tun kafin su zaɓe ni na shaida wa duk telolin layinmu cewa za su gan ni a tele. Har hula na saya.

Ranar gwaji aka zaunar da ni a biro, wato ofishinsu, mai sanyi kamar randa, aka kunna fim ɗin. Shugabar aikin ta ce, "Baba, duba ka gaya mana inda muka yi kuskure."

Na duba, ban ga kuskure ba. Amma tsoho ya ce babu kuskure, ina amfaninsa? Na ce raƙuman sun cika ƙiba. Ta rubuta. Kaina ya kumbura.

Sai ga wani mai kwale-kwale da malfa yana tura gora. Na buga cinya.

"Allahu akbar! Wannan ai na san shi! Bazabarme ne ɗan Tondibia, shi ya fara ƙetarar da ni kogi. Ga kirki, sai dai rowar goro. Allah Ya jiƙansa."

Har da ƙwalla na matso. Jikata ta sunkuyar da kai, ta ce a hankali, "Tsoho, ni na yi shi. Ranar Talata."

Mai hankali nan zai tsaya. Ni kuwa na tuna hulata da telolin layinmu, na ce, "Ke yarinya, kin dai kwaikwayo shi. Wannan tafiyar tasa ce."

Ta taɓa wani abu, hoton ya buɗe. Ga mutumin a kwale-kwale, ga shi yana jan jaki, ga shi can yana cinikin albasa. Fuska ɗaya, riguna daban. Ashe haka suke cika kasuwa: mutum guda, a yi ta maimaita shi.

Shugabar ta aje biron rubutunta. Na gyara murya, na ce, "To, ai gidansu akwai yawa. Duk na san su."

Jikata ta ɗago kai. "Angona, su talatin ne, kuma duk Talatar nan aka haife su. Ka je sunan ne, ko goro kawai aka aiko maka?"