Gonar da Na Share da Babban Yatsa

Malaman tarihi sun ƙarar da tawada wajen bayyana yadda dauloli ke rushewa. Wasu sun ce yaƙi ne, wasu fari, wasu rigimar gado. Ni dai a iya nazarina, babu daular da ta taɓa faɗuwa sai da aka samu wani mai ilimi, mai kyakkyawar niyya, ya ce bari ya ɗan gyara mata zama. Ba a littafi na karanta wannan ba. A motar ma'aikata na gano shi, daidai gadar Nyanya.

Shekarun baya, lokacin ina zaune a Jikwoyi, ina da wani maƙwabci mutumin Filato, ma'aikatarmu ɗaya. Ni ina hawa na uku, inda ake tsara takardu. Shi yana can ƙasa, ɗakin ajiyar fayil. Ya girme ni da wajen shekara goma, amma Oga yake ce mini, don matakina ya ɗara nasa. Ni kuma Yaya nake ce masa, don an yi mini tarbiyya. Kullum da sassafe mota ɗaya muke shiga, kujera ɗaya, shi a bakin taga.

Duk wanda ya san hanyar Nyanya da safe ya san mutum zai iya yin furfura kafin ya isa ofis. Kowa da abin da yake kashe lokaci da shi. Akwai masu jan carbi, akwai masu littafin addu'a, akwai masu barci baki buɗe, akwai kuma masu gyara Najeriya da fatar baki. Shi Yaya gem yake bugawa. Wata 'yar na'ura ce ta riƙewa a hannu, gefenta duk ya goge, murfin batirin an naɗe shi da salatif. A cikinta akwai gona.

Ba ƙaramar gona ba ce. Kunyoyin kayan lambu ne jere, ga shanu shida, ga kaji, ga rijiya, ga gida mai jan rufi an kewaye shi da shinge, sannan wata baƙar akuya da ke yawo inda ta ga dama. Gem ɗin da agogon gaske yake tafiya. In gari ya waye a Jikwoyi, to ya waye a gonar. In ka yini ba ka yi ban ruwa ba, gobe ka tarar shuka ta yi laushi.

"Oga, duba, akuya na ya haihu," sai ya miƙo mini.

Ni kuwa sai in kalla ta saman tabarau, in ce madalla, in koma kan littafina mai kauri, wanda na fi wata uku ban wuce shafinsa na arba'in ba. Shekara biyu ina leƙen gonar nan ta kan kafaɗarsa ina nuna ban damu ba.

Da hutunsa na shekara ya zo, sai ya shirya tafiya ƙauye wata guda, zai taya ƙannensa haƙar dankali. Ƙauyen babu wuta, balle caji. Ranar Lahadi, bayan sun taso daga coci, ya ƙwanƙwasa mini ƙofa riƙe da na'urar da cajarta a cikin leda.

"Oga, amana na kawo. Da safe ka ba shuka ruwa, ka ba dabba abinci, shi ke nan. Minti biyar ne. Kar ka saya komai, kar ka sayar da komai."

"Haba Yaya, ni da nake rubuta takardar da manya ke sa wa hannu?"

"Shi ya sa na ce kar ka taɓa komai."

Kwana uku na riƙe amana yadda aka ba ni. A na huɗu ne idona ya soma ganin abin da idon mai gyara rubutun mutane ke gani. Gonar ba ta da tsari. Akurkin kaji ya yi nisa da rijiya. Kabeji da masara suna cuɗe kamar fayil ɗin da aka zubar aka kwashe da gaggawa. Shanu shida kuma, a ganina, ɓarna ce, tunda babu rumbu. Na sayar da biyu na gina rumbu. Rumbun ya tare hanya, sai na matsar da shinge. Ta inda na matsar akuya ta shiga ta cinye rabin lambun. Ina cikin tsara yadda zan gyara gyaran, aka tura ni taron bita na kwana uku, na manta na'urar a kan firij.

Da na dawo, shuka ta bushe, kaji sun kwanta, akuya kuma ta bi uwa duniya.

Matata ta leƙo, ta kalli gilashin na'urar, ta kalle ni.

"Kai da aka ce ka yi ban ruwa, wa ya naɗa ka kwamishinan gona?"

Na ture tambayar gefe, saboda ba ta biyo ta hanyar da ta dace ba.

A nan ya kamata in yi bayanin abubuwa biyu da suka haɗu suka kai ni ga abin da na aikata. Na farko, mahaifiyata ta raine mu a kan cewa ba a mayar wa mutane kwanonsu sai an wanke. Na biyu, na yi shekaru a aikin gwamnati, inda kowace takarda ke da kwafi uku. A wurinmu babu abin da ke ɓacewa har abada. In ka ɓata daftari, sai ka yage, ka aika ƙasa a kawo maka na asali. Mai kawo na asalin ma, in an bi diddigi, Yaya ne.

Washegari a mota na shiga cikin saitin na'urar, na ga inda aka ce a share a soma sabo. Ba zan fake da Turanci ba, na fahimce shi sarai. Na'urar ta ce duk abin da aka ajiye zai goge. Na ce a raina, haka ake rubutawa a ƙasan kowace takarda don a tsorata ƙananan ma'aikata. Babu hukumar da ta san abin da take yi da za ta bar aikin shekara biyu da kwafi ɗaya tal. Zan yage tawa kwamacalar, in nemo na asali, in mayar wa mutum kwanonsa a wanke. Na'urar ta tambaye ni ko na tabbata. Na danna. Ta sake tambaya, wannan karon da jan rubutu. Na sake dannawa, har da ɗan jin haushin ana maimaita mini magana.

Wani kiɗa mai daɗi ya tashi. Wani ɗan tsoho mai malfa ya fito yana yi mini maraba da zuwa, ya nuna mini wani daji cike da duwatsu da kututture, ya miƙo mini fartanya ɗaya da iri kaɗan, ya tambaye ni sunana.

Daga gadar Nyanya har ƙofar ma'aikata ina neman ɗakin ajiyar fayil a cikin na'urar nan. Babu shi.

Ranar Asabar na kai ta wurin wani mai gyaran waya da ke zama ƙarƙashin lema a Nyanya, dattijo mai gilashi ɗaure da zare. Ya juya ta gaba da baya.

"Oga, wa ya danna?"

Na ce abin ya zo da ɗan tsautsayi.

"Ta tambaye ka?"

"Ta tambaya."

"Sau nawa?"

"Biyu."

"To ni me zan yi, in tambaye ka na uku? Abin da ya goge ya goge. Sai dai ka koma gona."

Saura kwana goma sha tara Yaya ya dawo. Mai hankali da ya kira shi ya faɗi gaskiya. Ni sai na ɗauko bayan wata tsohuwar takarda na zana taswirar gonar daga ƙwaƙwalwa: nan rijiya, nan akurki, nan gida mai jan rufi. Na ƙudura zan sake gina aikin shekara biyu cikin mako uku, in miƙa masa in yi shiru. Har masarar da kabejin na yi niyyar cuɗawa yadda ya cuɗa su.

Na yi noma a mota, na yi lokacin cin abinci, na yi a ƙarƙashin tebur ana tsakiyar taro. Daraktanmu har ya yaba mini a gaban jama'a, ya ce a dubi yadda nake sunkuyar da kai ina rubuta kowace kalma. Kwana huɗu na kwashe ina fasa duwatsu kawai. Babban yatsana ya yi kanta. Sai dai gem ɗin bai san takardar gaggawa ba. Iri in kwana biyar zai yi, to biyar ɗin zai yi, ko kai waye a hawa na uku. Kuma zan faɗi abin da ban faɗa wa kowa ba a lokacin: safiyar da kabejina na farko ya tsiro, na ji abin da ban ji ba ranar da aka ƙara mini girma.

Ranar da ya dawo, abin da nake da shi ke nan: shanu biyu ramammu, kaji huɗu, rijiya, bukka a inda gida ya kamata ya kasance, da akuya fara, don baƙar ba ta shigo kasuwa ba.

Shi ya fara zuwa. Da la'asar ya shigo da rabin buhun dankali a kafaɗa, ya dire a ƙofata. Ban taɓa ɗaukar kaya mai nauyin tsarabar wanda na cuta ba. Muka zauna a benci a tsakar gida. Na riga na tsara jawabi mai sakin layi uku, da gabatarwa da kammalawa. Na miƙa masa ledar. Ya kunna. Ya daɗe yana kallo.

"Oga, ina gida na?"

"Yaya, akwai bayani."

"Shanu shida ya koma biyu. Akuya kuma ya yi fari. Tsufa ne ya kama shi?"

Jawabina ya watse. Na faɗa masa komai a jere, daga rumbu har jan rubutu, har da batun kwafi uku. Madam, matarsa, ta fito da tire za ta tsince shinkafa, ta kalli fuskokinmu, ta koma ciki da tirenta.

"Kwafi uku," in ji shi. "Oga, ni ne mai ajiye kwafin nan. Rabi ma gara ya cinye."

Ya koma kan na'urar. Ya zaga da ɗan manomin gem ɗin cikin gonar, kusurwa zuwa kusurwa, ya tsaya a bakin rijiya.

"Wannan rijiya, yaya ka yi ka haƙa shi?"

Na ɗauka jarrabawa ce irin ta gwani ga ɗan koyo. Na yi masa bayani dalla-dalla, yana gyaɗa kai. Daga nan ya kashe na'urar, ya ɗora ta a cinya.

"An ce mu yafe. Na yafe. Amma daga yau kai ne lebura."

Haka aka yi. Da safe shi ke riƙe ta ya yi ban ruwa. Da yamma, a hanyar dawowa, sai ya miƙo mini, ya jingina da taga, yana ba da umarni ido a rufe. Oga, shuka nan. Oga, shinge ya karkace. Wata goma sha ɗaya muka yi kafin jan rufin ya dawo. Ban taɓa ƙorafi ba. Duk lokacin da yatsana ya gaji, sai in tuna gumin mutum na shekara biyu na share tsakanin numfashi biyu, shi kuma ya yafe mini kafin a kira magariba.

Yanzu na bar Jikwoyi da daɗewa, shi ma ya yi ritaya. Abin da ya rage mini daga wannan lamari ɗabi'a ce guda. Duk na'urar da ta tambaye ni ko na tabbata, sai in ajiye ta in je in sha ruwa tukuna, domin na gano cewa lokacin da na fi tabbata shi ne lokacin da ya fi kamata a ƙwace abu daga hannuna. Na kuma koyi cewa amana yawanci ba gyara take so ba, tsaro take so, kuma tsaro aiki ne marar armashi, shi ya sa masu ilimi ba su iya shi ba. Sababbin ma'aikata da yawa sun ji wannan labari daga bakina. Nakan ƙare shi da Yaya, a matsayin misalin mutumin da ya gina abu da hannunsa tun daga daji, ya rasa shi, bai ɗaga murya ba. Wasu har rubutawa suke yi.

Kirsimetin bara na je yi musu barka. Falo cike da baƙi, aka zubo shinkafa, na ga dama ta samu, na soma ba su labarin. Ina kaiwa kan gumin shekara biyu, Madam ta tsaya da cokalin miya a hannu.

"Wane gumi, Oga? Gwanjo ya sayo abin nan a kasuwar Gudu, da gonan a ciki, da shanu, da gida, da komai. Shi ruwa kawai yake ba su."